Rumbunan da Kaka Kaɗai Ke Gani

Tsakar gidanmu na Zuru fili ne fetal, an shafe shi da siminti, babu ko turke da zai tare mutum. Daga ƙofar ɗakin Kaka zuwa madafa ko kaza ba ta ɓata lokaci. Amma Kaka, mahaifiyar Babanmu, kafin ta isa sai a dafa shayi a shanye. Takan fito da sandarta, ta yi gaba kaɗan, ta karkata hagu, ta matse kafaɗunta kamar mai ratsa tsakanin abubuwa biyu, ta sunkuya a inda babu komai sai iska, ta zagaya har ta kusa komawa inda ta faro, sannan ta miƙe.

Baƙo idan ya gani yakan kawar da kai don kunya. Mu kuwa mun saba.

Da can gidan na ƙasa ne, cike da rumbuna. Kakanmu namiji manomi ne, kuma duk shekarar da damina ta yi masa kyau sai ya ƙara rumbu ɗaya a duk inda ya ga sarari, ba tare da tunanin ta ina mutane za su bi ba. Da haka gidan ya zama lungu cikin lungu, saƙo cikin saƙo. An ce mai tallan nono ta taɓa shiga da hantsi, ba ta gano hanyar fita ba sai da aka ba ta abincin rana. Da Baba ya bar aikin soja a farkon shekarun dubu biyu, ya dawo gida da son layi miƙaƙƙe a ransa. Ya tura Kaka garin Bena wurin ƙanwarta, ya rushe komai, ya yi ɗakunan bulo a jere, ya fitar da kanti ɗaya yana kallon titi, ya ba wani ɗan kasuwa Ibo haya. Kaka ta dawo, ta tsaya a bakin ƙofa ta daɗe tana kallo. Washegari ta fito ta bi tsohuwar hanyarta.

"Inna, ga hanya nan a miƙe," in ji Baba.

"Kai da ka iya, bi ta cikin rumbun gero," in ji ta. "Ni ban koyi ratsa bango ba."

Idonta garau yake. Takan hango allurar da ta faɗi a kan simintin nan kafin mu masu ƙuruciya mu gani. Hankalinta ma lafiya lau, ta san wanda ya ci mata goro. Abin da ya faru shi ne, a cikin waɗannan lungunan ta ajiye duk abin da ta sani. Idan ka tambaye ta wani abu na da tana zaune, sai ta ce, "Ba ya wurina, yana can gefen rumbun maiwa." Ta tashi, ta bi hanyarta, ta tsaya a wani wuri da mu muke ganin siminti kawai, ta ɗan karkata kunne. Sai labarin ya zo mata duka, har da muryoyin mutanen da suka yi maganar. Takan yi muryar Kakanmu mai kauri yana faɗa a kan lauje, ta yi muryar maƙwabciyar da ta rasu tun ba a haife ni ba, wani lokaci da Hausa, idan ta yi nisa kuma sai ta koma C'lela, yaren da aka raine ta da shi. Da ta matsa daga wurin, sai maganar ta ɗauke kamar an rufe tukunya.

A lokacin na gama sakandare, ina zaman jiran sakamako, ba ni da aiki sai karanta waƙoƙi da kallon gajimare a kan duwatsu. Sai na fara bin ta. Ranar farko na yanke hanya, ta juyo ta ce, "Ƙawata, kin taka tsakiyar dawa. Kakkaɓe ƙafarki." Na kakkaɓe. A hankali na san inda ake matse kafaɗa, da inda ake sunkuyawa saboda wani itace da aka gitta tsakanin rumbuna biyu. Har na fara jin kamar da rana tsaka akwai inuwa a wasu wuraren, da ƙanshin tsohuwar dawa, da wani sauti can ƙasa-ƙasa irin wanda ake ji idan an sa kai cikin rumbun da babu komai an yi magana. Na gaya wa yayata haka, ta ce, "To, madalla. Da guda ce a gidan, yanzu sun zama biyu."

Akwai hanya ɗaya da ba ta kaiwa ko'ina. Kullum da safe Kaka takan bi ta har ta isa bangon bayan kanti, ta ƙwanƙwasa shi da sanda, ta juyo. A bayan wannan bangon ne da can ƙaramin rumbun Innarmu yake, da turken awaki. Innarmu ta rasu ina ƙarama, fuskarta ma a hoto na san ta. Duk lokacin da na tambayi Kaka yaya muryarta take, ko me ke ba ta dariya, amsa ɗaya ce: "Tana bayan bango." Ban taɓa kai ƙara wurin Baba ba. Bangon nan, Baba yana ji da shi. Shi ya tsaya a kan magina da igiya a hannu, kuma idan abokansa tsofaffin sojoji suka zo yakan kai su su shafa shi.

Ana nan sai wani malamin makaranta daga Mahuta ya fara zuwa wurin Yaya a kan babur. Dogo ne, mai kunya, ba ya iya kallon Baba a ido, amma kwanon tuwo bai taɓa komawa madafa da saura ba idan ya zo. Yaya tana son shi ƙwarai. Takan hau tudun bayan gida da wayar Baba tana neman sabis, ta sauko tana murmushi ita kaɗai. Manyansa suka zo neman aure, aka karɓe su, aka fara maganar sa rana.

Sai Gwaggo, ƙanwar Baba, ta zo daga Sakaba don taya murna. Tana cin gyaɗa ta tambayi ɗan gidan wa ne. Da aka faɗa mata, ta ajiye gyaɗar.

"Ba shi ne jaririn da aka bari a gidan nan ba, shekarar da aka kwantar da uwarsa asibiti?"

Babu wanda ya sani. Gwaggo ta ce tana 'yar budurwa a lokacin, ta tuna sarai. An kawo matar daga Mahuta ba ta san inda kanta yake ba, aka bar jaririn a hannun Kaka saboda sanayya. Innarmu kuma tana goyon wanmu na fari. "Da idona na sha ganin ta ɗauke shi yana tsala kuka, ta zagaya bayan ƙaramin rumbu, ta dawo da shi yana barci, ciki ya yi tim. To me ta ba shi a can? Tuwo?"

Yaya ta miƙe ta shiga ɗaki. Kowa ya san abin da maganar take nufi. Idan Innarmu ta shayar da shi, to shi da Yaya wa da ƙanwa ne, babu aure har abada. Baba yana bariki a wancan lokacin, bai san komai ba. Aka aika Mahuta, uwar yaron ta ce ita a kwanakin nan ko sunanta aka tambaye ta ba za ta iya faɗa ba. Liman ya ce tunda shakka ta shigo, a dakata har a sami wanda ya tabbatar.

Saura Kaka. Baba ya durƙusa a gabanta, ya yi mata bayani dalla-dalla.

"Na san an kawo wani jariri," in ji ta. "Sauran yana bayan bango."

Baba ya ce wannan mai sauƙi ne. Ya riƙe hannunta suka fita ta ƙofar gida, suka zagaya ta titi, suka shiga kanti, ni da Gwaggo muna biye. Mai kantin ya taso da fara'a, ya goge kujera. "Mama, sannu da zuwa. Yau kin tuna da ni." Kaka ta dubi kwalayen sabulu, ta dubi gwangwanayen madara, ta tambaye shi ko yana da alawa mai taushi, wadda ba ta buƙatar haƙori.

"Inna, nan ne wurin," in ji Baba. "Daidai nan rumbun yake. Ki tuna."

"Nan kanti ne. Ni ban taɓa zuwa wurin matarka ta titi ba. Ta titi juji ne da ƙaya. Mi zan ji a nan?"

Muka koma da alawa.

Baba ya gwada dabarar aikinsa. Ya zaunar da ita, ya ce tambaya ɗaya zai yi, amsa kuma e ko a'a. Gwaggo ta ce ai ko zato ne ta yi, zaton tsoho ba ya nisa da gaskiya. A nan ne na ga ran Kaka ya ɓaci, abin da ba kasafai ake gani ba.

"In ce a'a, in aurar da wa da ƙanwa? Ko in ce e, in kashe auren da Allah ya halatta? Ku kuna da baki, ku yi zaton. Ni sai na ji."

Ni ce na ce a fasa bangon. A hankali na faɗa, ina kallon ƙasa. Baba ya dube ni kamar na ce a yanka shi. Ya ce karatun waƙa ya fara taɓa ni, kuma ba zai rushe ginin da ya yi da guminsa ba saboda rumbun da babu shi.

Kwanaki suka wuce. Malamin ya daina zuwa, domin ba ya sanin da wace fuska zai zo, ta saurayi ko ta ɗan'uwa. Yaya ba ta yi rigima ba, ba ta roƙi kowa ba. Tana yin aikinta, ta kai wa Baba abinci, ta ce, "Baba, ga shi," ta juya. Nata kwanon kuwa yadda aka zuba haka ake ɗauke shi. Ta daina hawa tudu. Wata rana na ga Baba tsaye a bakin madafa yana kallon ta tana tankaɗe, zanenta ya yi mata yawa har ta ƙara naɗi. Ya daɗe a tsaye.

Da safe sai ga shi da guduma a kafaɗa.

"Ke, Auta. Ina hanyar tsohuwar nan take ƙarewa?"

Na ɗauki gawayi, na faro daga ƙofar ɗakin Kaka, domin ni ma ban iya gane wurin idan na yanke. Na karkata, na matse, na sunkuya, Baba yana tsaye yana taɓe baki, har na isa bango na zana. Mai kanti ya kwashe kwalayensa daga ciki, yana ta murna. "Oga soja, in ka fasa kada ka toshe. Ka sa ƙofa. Ni ma na gaji da zagaye in zan ɗebi ruwa." Baba bai kula shi ba. Ya shafa bangon sau ɗaya, ya ja da baya, ya ɗaga guduma.

Aka aika Mahuta. Bayan azahar malamin ya zo da baffansa, wani dattijo mai babbar riga fara da ta sha guga, don a yi komai a gaban shaidu. Kaka ta fito, ta hango ɓarakar daga nesa, ta gyaɗa kai. Baba ya nufi wurin kai tsaye, baƙi na biye da shi.

"Ina za ku?" in ji Kaka. "Ku tattake mini hatsi, ku tada ƙura, sannan ku ce in ji magana? Duk mai zuwa ya biyo bayana."

Baba ya dubi Yaya, ya juyo ya dawo.

Haka muka jeru. Kaka a gaba, ni a bayanta, sai Yaya, sai Baba, sai Gwaggo, sai dattijon, malamin a ƙarshe. Kaka ta karkata hagu, muka karkata. Ta matse kafaɗa, muka matse. Ta waiwayo ta ce wa dattijon, "Alhaji, tattare rigarka, zanan nan yana da tsini." Bawan Allah ya dubi hagu, ya dubi dama, babu komai sai rana a kan siminti, ya tattare rigarsa har gwiwa. Matan maƙwabta da suka ji bugun guduma tun safe sun riga sun leƙo ta kan katanga, ina jin wata tana cewa a kira mata ƙanwarta kada ta rasa. Da muka zo wurin itacen da aka gitta, Kaka ta sunkuya, na sunkuya, Yaya ta sunkuya. Baba ya tsaya ƙyam, ƙirji a gaba.

"Sunkuya," in ji Kaka, ba tare da ta juyo ba. "Nan ka fasa goshi kana yaro, tabon yana nan."

Hannun Baba ya tafi goshinsa da kansa. Ya sunkuya. Malamin kuwa, saboda tsawo da ladabi, kusan rarrafe ya yi.

Muka shiga kanti ta ɓaraka ɗaya bayan ɗaya. Kaka ta yi taku kaɗan, sandarta ta bugi firiza.

"A ɗauke wanga akwati. A kan turke yake."

Mai kanti ya dafe kai. "Mama, yanzun nan aka kawo wuta. Ruwana bai yi sanyi ba." Amma shi ya fara kama gefe ɗaya, Baba da malamin suka kama ɗayan, aka ja shi gefe. Ƙarƙashinsa babu komai sai ƙura da murfin kwalba.

Kaka ta tsaya a wurin. Ta jingina da sandarta, ta karkata kunne. Kantin ya yi tsit, har ina jin numfashin Yaya a wuyana. Wata yarinya ta zo sayen ashana, mai kanti ya yi mata alama da hannu ta jira.

Sai Kaka ta yi dariya. Ba irin tata ba ce. Wata dariya ce siririya mai hawa sama ta katse, kamar mai dariyar tana jin kunyar ta. Na ga Baba ya sunkuyar da kai, sai na gane ta Innarmu ce. Ban taɓa jin ta ba sai ranar.

"Inna, riƙe mata ƙafa," in ji Kaka da wannan muryar. "Za ta sake harbi na." Sannan ta koma muryarta: "Na riƙe. Ke dai tatsa da sauri kafin mai gidan ya dawo daga gona."

"Ƙafar wa?" in ji Gwaggo.

"Jar akuya mai yagaggen kunne," in ji Kaka, idonta a rufe. Daga nan labarin ya ɓalle. Ta ce Innarmu ta so ta ba jaririn nono don tausayi, ita ta hana, domin wanmu kaɗai ya ishe ta, ya tsotse ta har ta rame. Wannan jaririn kuma ci gare shi kamar gara. Sai suka koma ga akuyar Kakanmu, wadda ta haifi 'yan biyu, wadda ya ce duk wanda ya taɓa nononta zai gamu da shi. Shi ya sa suke ɓuya a bayan rumbu. Da fari a ƙoƙo suke tatsa su ba shi da ludayi. Daga baya ya ƙi jiran ludayi, sai Innarmu ta riƙa tallabe shi a ƙarƙashin akuyar, yana sha, 'ya'yanta suna tsaye suna kallon shi.

"Ko sau ɗaya ba ta ba shi nata ba?" in ji dattijon.

"Ina tsaye a kanta kamar yadda nike tsaye yanzu. Ko sau ɗaya."

"To ni me ya sa ba a gaya mini ba?" in ji Gwaggo.

"Ke? Da kin gani da hantsi, kafin azahar ubanki ya ji a gona."

Dattijon ya yi hamdala, ya saki rigarsa da ya manta yana riƙe da ita. Ya ce nonon dabba ba ya haramta aure, kuma da aka je wurin Liman da la'asar haka ya ce. Yaya ta zauna a kan kwalin sabulu ta rufe fuska da mayafi, kafaɗunta suna rawa, ban san ko kuka take ko dariya ba. Malamin yana tsaye kansa yana taɓa silin, ya rasa inda zai sa idonsa.

"Ango," in ji Kaka, "ɗauki matarka. Amma waccan jar akuyar da ke ɗaure gindin mangwaro a bayan gida, daga tsatson uwarka ta fito. In ka shigo gidan nan ka riƙa gaishe ta."

Mai kanti ya yi dariya har ya zauna a kan firiza. Ya buɗe ya raba wa kowa ruwan leda, da ɗuminsa.

Da biki ya matso, Baba ya ce a yanka akuyar nan a yi wa baƙi miya. Kaka ta ce ba a gidanta za a ciyar da ango danginsa ba. Dole Baba ya tafi kasuwa ya jawo rago. Har yau idan mijin Yaya ya zo, ƙannenmu na maƙwabta sukan tambaye shi ko ya leƙa wurin 'yan'uwansa, shi kuma yakan ce ya leƙa, suna gaishe su.

An sa wa ɓarakar ƙofar katako, kamar yadda mai kanti ya roƙa, firiza kuma bai koma wurinsa ba. Kullum da safe Kaka takan bi hanyarta ta shiga, ni ina biye, ya ajiye mana kujera a kan turke. A nan na ji cewa Innarmu tana tsoron ƙadangare, tana ƙona miya idan tana waƙa, kuma ita ma takan tsaya da tsintsiya a hannu tana kallon gajimare har a yi mata magana. Masu sayen sukari sukan tsaya su saurara, wasu su manta abin da aka aiko su.

Baba bai taɓa cewa komai a kan bangon ba. Amma wata rana da rana tsaka, ina zaune a ƙofar ɗaki, na gan shi ya ratso tsakar gida da buta a hannu, shi kaɗai, yana sauri. Da ya zo daidai wurin itacen nan sai ya sunkuya. Ya ɗago, muka haɗa ido. Ya koma ya duƙa yana dube-dube a kan siminti.

"Maɓallin rigata ne ya faɗi," in ji shi.

Riga mai maɓalli kuwa tana kan igiya, singileti ne a jikinsa.